Yadda Ake Gane Shekarun Tsohon Katin Gidan Waya, a Karanta Shi, a Kuma Adana Shi

Tsofaffin hotunan Kano, Katsina, Zariya da Damagaram da ke yawo a Facebook da WhatsApp, waɗanda kowa yake ɗora musu shekarar da ya ga dama, da yawansu katunan gidan waya ne da aka ɗauki hoton fuskarsu aka bar bayansu. Katin gidan waya ɗan kwali ne mai kauri wanda ake rubuta saƙo da adireshi a jikinsa, a manna kan sarki, a aika ba tare da ambulan ba. A bayan da ake watsarwa ɗin nan ake samun hatimi, da kan sarki, da sunan wanda ya buga, da rubutun wanda ya aika, kuma su ne ke iya faɗa wa mutum lokacin da katin ya fito. Wannan bayani na wanda kati ya shigo hannunsa ne, ko a akwatin kakansa ya tsinta ko a intanet ya saya, yana kuma son ya san abin da ya riƙe kafin ya yaɗa shi.

Kafin a taɓa katin, akwai shekaru kaɗan da ya kamata a haddace, domin da su za a yi awo. A ranar 1 ga Oktoba 1869 gidan wayar daular Ostiriya da Hangari ya fitar da katin farko na hukuma, bisa shawarar wani malamin tattalin arziki mai suna Emanuel Herrmann, kuma babu hoto a jikinsa, sai gurbin adireshi da kan sarkin da aka buga tare da shi. Ingila ta bi sahu a 1870 da kati na ɗari, wato rabin kwabo. A 1874 aka ƙulla yarjejeniyar Bern wadda ta haifar da ƙungiyar gidajen waya ta duniya, abin da ya sauƙaƙa wa saƙo tsallaka iyakokin ƙasashe. Katuna masu hoto sun fara ƙarfi a ƙarshen ƙarnin, musamman bayan baje kolin Faris na 1889 inda aka sayar da masu hoton hasumiyar Eiffel, sannan a 1894 Ingila ta yarda kamfanoni su buga nasu katin a manna masa kan sarki. Daga wajen 1900 zuwa ɓarkewar yaƙin duniya na farko a 1914 kasuwar ta kai ƙololuwa, har tara katuna ya zama abin yayi a gidajen Turai. Wannan lokaci ya zo daidai da shigowar Turawa ƙasar Hausa, ganin cewa Kano da Sakkwato sun faɗa hannunsu a 1903. Shi ya sa hotunan farko na garuruwanmu da dama a jikin kati suka tsira.

Mataki na farko shi ne shirya wurin aiki. A wanke hannu da sabulu, a bari ya bushe sarai, kada a shafa mai. A shimfiɗa farar takarda mai tsabta a kan tebur, nesa da shayi da abinci da fanka. Kayan aikin ba su da yawa: fensir, littafin rubutu, rula, gilashin ƙara girma irin na masu gyaran agogo ko waya, da fitilar hannu. Ana riƙe kati ta gefunansa, ba a ɗora yatsa a kan hoton. Kada a kusanto da biro, domin tawadarsa ba ta fita.

Mataki na biyu, a kifa katin a fara da bayansa, tun kafin hoton ya ɗauke hankali. Abin da za a fara nema shi ne layi a tsaye wanda ya raba bayan gida biyu. A farkon lamari dokar gidan waya ta keɓe bayan kati gaba ɗaya ga adireshi, don haka mai saƙo yakan matsa rubutunsa a ɗan farin gurbin da aka bari a gefen hoto ko ƙarƙashinsa. Ingila ce ta fara yarda a raba bayan a 1902, saƙo a hagu, adireshi a dama. Faransa ta biyo baya a 1904, Jamus a 1905, Amurka kuma a 1907. Saboda haka katin da bayansa ba shi da layi, kuma gabansa yana da gurbin rubutu, mai yiwuwa an buga shi kafin waɗannan shekaru, gwargwadon ƙasar da ta buga shi. Daga nan a auna girmansa. Tsofaffin katuna sukan kai santimita 9 a 14, na baya-bayan nan kuwa, waɗanda suka mamaye kasuwa bayan yaƙin duniya na biyu, sun fi faɗi, kusan 10.5 a 15.

A dubi ƙananan rubutun da ke gefen bayan ko a gurbin kan sarki. Idan an rubuta cewa a Jamus ko a Saksoni, wani yankinta, aka buga katin alhali hoton na ƙasar da Ingila ke mulka ne, to akwai alamar kafin 1914 ne, domin Jamusawa ne suka fi kowa gwanintar wannan ɗab'i, kuma yaƙi ya yanke cinikin. A rubuta sunan mai bugawa da lambar katin a littafi. A ɓangaren Faransa sunan da za a fi cin karo da shi shi ne Fortier na Dakar, wato Edmond Fortier, wanda ya buga dubban katunan Afirka ta Yamma har ya kai Tambutu a 1906, sannan a zamanin 'yancin kai akwai kamfanin Hoa-Qui na Faris. A Najeriya kantin littattafai na C.M.S. da ke Legas ya fitar da katuna masu yawa. Bai kamata a ɗauka cewa duk Turawa ne suka ɗauki hotunan ba: akwai J. A. Green ɗan Bonny, da N. Walwin Holm wanda ya yi aiki a Ankara ta Gana da Legas, da Alphonso Lisk-Carew na Saliyo, duk 'yan Afirka ne da aikinsu ya hau kati.

Mataki na uku shi ne kan sarki da hatimi, kuma a nan ya kamata a fi daɗewa, domin nan ne shaida ta fi ƙarfi. Hatimin gidan waya yana ɗauke da sunan garin da aka jefa katin da ranar da aka jefa shi, yawanci shekarar da lambobi biyu na ƙarshe kawai. Idan tawadar ta dusashe, a kashe hasken ɗaki a haska fitilar hannu daga gefe, kusan a kwance da katin, sai shatin ƙarfen ya fito. Wani lokaci akwai hatimi biyu ko uku, na tashi da na hanya da na isa, kuma daga tazarar da ke tsakaninsu za a san tsawon tafiyar. Katin da ya tashi daga Kano kafin jirgin ƙasa ya iso birnin a 1911 sai da ya bi ƙafa da kwale-kwale zuwa bakin teku kafin ya hau jirgin ruwa. Sunan garin kansa abin lura ne: Zungeru ce hedikwatar Arewa daga 1902 har aka koma Kaduna a 1917, kamar yadda Damagaram ta riƙe hedikwatar Nijar har aka mayar da ita Yamai a 1926.

In hatimin bai karantu ba, kan sarki zai taimaka. Wanda aka rubuta wa Northern Nigeria na tsakanin 1900 da 1914 ne, domin bayan haɗe Kudu da Arewa a 1914 sunan Nigeria kaɗai aka ci gaba da bugawa. Fuskar da ke jiki tana ƙara rage tazarar: Sarauniya Biktoriya ta rasu a 1901, Edward na Bakwai ya yi mulki zuwa 1910, George na Biyar zuwa 1936, George na Shida zuwa 1952, sannan Sarauniya Elizabeth ta Biyu. Kuɗin da aka rubuta ma shaida ne, domin kwabo da taro da sisi da sule sun yi aiki har ƙarshen 1972, naira da kwabon yanzu suka shigo ranar 1 ga Janairu 1973. A Nijar, sunan Haut-Sénégal et Niger na nuna kafin 1921, sunan Afrique Occidentale Française shi kaɗai ba tare da sunan wata ƙasa ba yana nuna ƙarshen yaƙin duniya na biyu zuwa jajiberin 'yanci, République du Niger kuwa daga wajen 1959 zuwa gaba. A Gana, Gold Coast na nufin kafin 6 ga Maris 1957. Kada a yi mamakin ganin kan sarki a manne a fuskar hoton; al'ada ce ta masu tara katuna, musamman Faransawa, don a ga hoto da kan sarki da hatimi lokaci guda a cikin kundi.

Akwai ƙa'ida guda da ake yawan tsallakewa, ita ce tushen yawancin kurakuran da ake yaɗawa. Kowane kati yana da lokuta uku: ranar da aka ɗauki hoton, ranar da aka buga katin, da ranar da aka aika shi. Hatimi yana ba da ta ukun ne kawai. Abin da yake tabbatarwa shi ne hoton bai wuce wannan rana ba, amma yana iya girmar ta da shekara goma ko fiye, domin masu bugawa sun riƙa sake fitar da tsofaffin hotuna muddin ana saye, wani lokaci ma su canza rubutun da ke ƙasa. Haka kan sarki yana nuna cewa ba a aika katin kafin fitowarsa ba, amma tsohon kan sarki yakan ci gaba da aiki bayan sabo ya fito. Don haka daidai ne a rubuta "kafin 1914" ko "tsakanin 1926 da 1936", kuma hakan ya fi a kafe a kan shekara ɗaya da ba a da hujjarta.

Mataki na huɗu, a juyo fuskar katin a sa gilashin ƙara girma a wurin da inuwa ta haɗu da haske. Idan aka ga ɗige-ɗige a jere kamar na hoton jarida, to na injin ɗab'i ne. Idan aka ga ƙananan zare-zare a murɗe ba bisa tsari ba, to wata tsohuwar dabarar ɗab'i ce da aka fi amfani da ita kafin 1930. Idan kuwa babu ɗigo babu zare, inuwar tana tafiya sumul, to hoto ne na gaske da aka wanke a kan takarda mai bayan kati, abin da ya yaɗu bayan Kodak ya fitar da kyamara mai ɗaukar hoto daidai girman kati a 1903. Irin wannan yakan yi wani ƙyalli mai kama da azurfa a wuraren duhu idan ya tsufa. Shi ya fi daraja a wurin mai neman tarihi, domin ta yiwu ɗan kasuwa ko ma'aikacin jirgin ƙasa ne ya wanke kofi kaɗan kawai, kuma ba za a sake samun irinsa ba. Launin da ke kan katunan farkon ƙarni na ashirin ƙara shi aka yi daga baya, sau da yawa a Turai, a hannun wanda bai taɓa ganin wurin ba, saboda haka ba a kafa hujja da shi a kan launin rawani ko riga. Katuna masu sheƙi da cikakken launi na shekarun 1950 zuwa gaba ne.

Mataki na biyar shi ne karanta hoton kansa, kuma a nan ɗan ƙasa ya fi duk wani ƙwararre na waje. A nemi abin da aka san ranar zuwansa ko ranar gushewarsa. Idan akwai layin dogo a Kano, hoton bai riga 1911 ba. Idan akwai jirgin sama, bai riga Nuwamban 1925 ba, lokacin da jirage suka fara sauka a birnin. Babban masallacin Kano mai koriyar ƙubba an gina shi a zamanin Sarki Abdullahi Bayero, a farkon shekarun 1950, don haka duk hoton da ya nuna tsohon ginin ƙasa ya girme shi. Dalar gyada ta yi tashe har zuwa shekarun 1960 kafin ta ɓace a na 1970. Motoci a Najeriya sun bi hannun hagu har ranar 2 ga Afrilu 1972. Idan sarki ne a hoton, jerin sarauta zai raba gardama: a Kano, Abbas daga 1903 zuwa 1919, Usman zuwa 1926, Abdullahi Bayero zuwa 1953, Muhammadu Sanusi zuwa 1963, Muhammadu Inuwa na 'yan watanni a wannan shekarar, sannan Ado Bayero. Hotunan hawa suna buƙatar kulawa ta musamman, domin ana yawan cakuɗa hawan daba da aka yi wa Yariman Wales a Kano a 1925 da wanda aka yi wa Sarauniya a Kaduna a 1956. Akwai kuma katunan baje kolin daular Ingila da aka yi a Wembley a 1924, inda aka gina kwaikwayon birni mai ganuwa irin na Arewa. Ganuwar da ke jikinsu a Landan take.

Rubutun da mai bugawa ya sa a ƙarƙashin hoto shi ne abin da ya fi cancantar tuhuma. An rubuta shi ne domin mai saye a Turai, kuma galibi ya shafe sunan mutum ya bar shi a matsayin samfurin wata ƙabila ko wata sana'a. A katunan Togo da Kamaru na zamanin Jamus, da na Gana, ana iya kiran duk wani fatake ko soja Musulmi da ya fito daga Arewa Bahaushe, ko da Babarbare ne ko Banufe. Wasu hotunan, musamman na mata, shirya su aka yi don biyan sha'awar masu saye, kuma a ganina bai dace a ci gaba da yaɗa su da sunan tarihi ba tare da an faɗi yadda aka yi su ba. Duk da haka kyamara ta kama abin da mai ita bai nufa ba: zanen da ke bangon soro, ɗaurin rawani, kayan doki, yadda marina suke tsayawa a bakin karofi, faɗin hanya kafin a rushe ƙofa. Waɗannan su ne dukiyar katin, kuma su ne dalilin da ya sa har yau mutum yakan tsaya cak idan ya ga unguwarsu a jikinsa. A buga kofi babba a kai wa dattawan unguwa, a ce, "Baba, ko ka san wannan wuri?", a bar su su yi magana ba tare da an fara karanta musu rubutun Bature ba. A rubuta abin da suka faɗa da ranar da suka faɗa.

Saƙon da ke baya shi ma a kwafe shi harafi da harafi, ko da gaisuwa ce kawai. Tun da kati a buɗe yake tafiya, mutane ba sa zuba sirri a ciki, amma sukan ambaci zafi, zazzaɓi, farashin kaya ko ranar tashin jirgi. A tsakiyar ƙarnin da ya wuce filin jirgin saman Kano zango ne ga jiragen da ke tafiya tsakanin Turai da kudancin Afirka, don haka akwai katunan da matafiya suka rubuta a 'yan sa'o'in da suka yada zango. Idan katin na gida ne, kuma waɗanda aka ambata ko 'ya'yansu suna raye, a nemi izininsu kafin a wallafa sunaye da adireshi.

Mataki na shida shi ne adanawa, kuma a nan ƙauna ce take yawan yin ɓarna. Kada a kai kati a yi masa lamineshin: zafin injin da gam ɗin ledar suna kama takardar har abada, ba kuma za a iya cire ta ba. Kada a liƙe yagewa da salatif, domin yakan rine ya bar tabo, kada a ɗaure katuna da roba ko a maƙale su da ƙarfe, kada kuma a ɓamɓare kan sarki don a ajiye shi dabam, tun da rabuwarsu tana rage darajar duka biyun. Idan akwai ƙura, a share ta da burushi mai laushi, ba da ruwa ba. Kowane kati a sa shi a nasa gidan, ko ledar ajiya wadda aka yi domin hotuna, ko farar takarda mai kyau da aka ninka. A guji leda mai taushi mai warin roba irin ta tsofaffin kundin hotuna, domin takan yi gumi ta manne da hoton, a kuma guji takardar jarida da ta buhun siminti. A jera su a tsaye cikin akwati mai murfi, ba a cushe ba.

Yanayinmu yana da nasa sharri a kowane lokaci na shekara. Laimar damina tana kawo fumfuna, bushewar hunturu tana sa takarda ta lanƙwashe ta yi ƙarfi har ta karye, ƙura tana goge fuskar hoto, gara da kyankyaso kuma ba sa jira. Saboda haka kada akwatin ya taɓa ƙasa ko jikin bango, kada a ajiye shi a rufin kwano ko kusa da kicin. A jefa 'yan ƙullin nan masu tsotse laima da ake samu a kwalin takalmi ko na magani, a canza su lokaci-lokaci, a kuma buɗe akwatin a duba a tsakiyar damina da bayanta. Wanda yake son rataya hoton a falo ya rataya kofi, domin rana tana cinye launi.

Mataki na ƙarshe shi ne ɗaukar kofi da rubuta bayani. A sa katin a sikana a ɗauki gaba da baya, da ƙarfin ɗigo 600 a kowane inci idan zai yiwu, har da gefunansa, ba tare da an gyara launi ba. In babu sikana, a ɗauka da waya a inuwa mai haske, ba tare da walƙiyar kyamara ba. A ba kowane kati lamba, a rubuta ta da fensir a jikin gidansa, sannan a littafi a rubuta inda aka samo shi, mai bugawa, abin da hatimi ya ce, tazarar shekarun da aka yanke da hujjar da aka dogara da ita. A ajiye kofin a wuri biyu dabam. Idan za a sa a intanet, a sa fuska biyun tare, domin wani ya iya bin sawun hukuncin ya gyara. Kati mai muhimmanci kuwa ana iya nuna shi ga ma'aikatan Gidan Makama a Kano, ko Gidan Arewa da ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna, ko gidan tarihi na Boubou Hama a Yamai, don a kwatanta shi da abin da suke da shi.

Mai son ƙara wa tarinsa zai sami katunan Najeriya da Nijar a kasuwannin intanet irin su eBay da Delcampe. Ya nemi garin da rubutun da Turawa suka saba, kamar Zinder a madadin Damagaram da Sokoto a madadin Sakkwato, kada kuma ya biya sai ya ga hoton bayan katin, domin akwai sabbin kofe da ake sayarwa da sunan tsofaffi. Al'adar aikawa ma ba ta mutu ba: shirin Postcrossing, wanda wani ɗan Fotugal mai suna Paulo Magalhães ya kafa a 2005, yana haɗa mutanen da ba su san juna ba su yi musayar katuna tsakanin ƙasashe, kuma ana bikin ranar katin gidan waya kowace 1 ga Oktoba. Wanda ya rasa katin garinsu a kanti yana iya wanke hoton da ya ɗauka a kan takarda mai kauri, ya ja layi a tsakiyar bayan, ya rubuta sunan wurin da cikakken kwanan wata a hagu, adireshi a dama, sannan ya tambayi ma'aikacin gidan waya kuɗin kan sarkin ƙasar da zai aika, ya kuma roƙe shi ya buga hatimin yadda sunan garin da shekarar za su fito sosai.